Asali da Mazauni: Matsayin Bahaushen Sudan

Gabatarwa

A watan Yuli na shekarar 1903 sojojin Turawan Ingila suka kashe Sarkin Musulmi Attahiru na Ɗaya a Burmi, cikin Jihar Gombe ta yau, yana kan hanyarsa ta hijira zuwa gabas. Da yawa daga cikin waɗanda suka tsira a jama'arsa, Fulani da Hausawa, ba su juyo gida ba. Sun bi ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno suka ci gaba da tafiya, har wajajen 1906 suka sauka a gaɓar kogin Shuɗin Nilu a ƙasar Sudan, kudu da Sinnar, suka kafa garin da har yau ake kira Mai Wurno. Fiye da shekara 115 ke nan da yin wannan sauka. Zuriyarsu can aka haife su, can suka yi karatu, can suka binne iyayensu da kakanninsu. Duk da haka, a shekarar 2022 an zubar da jini a jihar da ke maƙwabtaka da su a kan tambayar ko Bahaushe ɗan ƙasa ne ko baƙo.

Ra'ayin da wannan maƙala ke karewa shi ne, asali daban, zama ɗan ƙasa daban. Asali yana amsa tambayar daga ina kakannin mutum suka fito, wane harshe da wace al'ada suka bar masa. Zama ɗan ƙasa kuwa yana amsa tambayar ina aka haife shi, ina yake noma, ina yake biyan haraji, kuma dokar wace hukuma ke kansa. Bahaushen Sudan yana da cikakkiyar amsa ga kowace tambaya. Duk wanda ya tilasta masa ya jefar da ɗaya kafin a karɓi ɗayar ya zalunce shi, ko mai tilastawar mutumin Hartum ne ko mutumin Kano.

Yadda Hausawa Suka Zauna a Sudan

Hanyoyi uku ne manya suka kai Hausawa wannan ƙasa. Ta farko, kuma mafi daɗewa, ita ce aikin hajji. Kafin jirgin sama ya zama abin hawan alhazai, maniyyaci daga Kano ko Katsina ko Damagaram yakan bi ta Borno, ya ratsa Wadai, ya shiga Darfur da Kurdufan, ya ƙetare kogin Nilu, ya isa Sawakin ko Fot Sudan a bakin Bahar Maliya, sannan ya nemi jirgin ruwa zuwa Jidda. Tafiya ce ta ƙafa da jaki da raƙumi, wadda kan ci shekaru. Guzuri yakan ƙare a hanya, sai mutum ya yada zango ya yi noman damina ɗaya ko biyu, ko ya yi dako, ko ya koyar da karatun allo, har ya tara abin da zai kai shi zango na gaba. A irin wannan zama ake ɗaura aure, a haifi 'ya'ya, tsofaffi su rasu. Wasu sun isa Makka sun juyo, kuɗin ƙarasawa gida ya gagara. Wasu ko Makkar ba su isa ba. Zangon da aka yada da niyyar wata uku sai ya zama unguwa, unguwa ta zama gari.

Hanya ta biyu ita ce hijira. Turawa sun ci Kano a watan Fabrairun 1903, suka ci Sakkwato a watan Maris. Shugabannin daular suka rabu a kan abin da ya kamata a yi. Waziri Buhari ya ga a zauna a kare addini da talakawa a ƙarƙashin sabon mulki, Sarkin Musulmi Attahiru kuwa ya zaɓi hijira, jama'a mai yawa ta bi shi. Garin Mai Wurno da ƙauyukan da suka tsiro daga gare shi ɗiyan wannan zaɓi ne.

Hanya ta uku ita ce ƙwadago. A 1925 aka kammala madatsar ruwa ta Sinnar, aka buɗe babban shirin noman auduga na Jazira, wato ƙasar da ke tsakanin Shuɗin Nilu da Farin Nilu. Gonakin suna bukatar hannuwa masu yawa wajen shuka da nome da tsinkar auduga, kuma mutanen Afirka ta Yamma suna cikin waɗanda suka fi cike wannan gurbi. Daga baya manyan gonakin dawa na yankin Gadarif suka ja wasu. Wasu kuma suka zauna a bakin koguna suna kamun kifi da noman lambu. Abin lura a nan shi ne, babu ɗaya daga cikin hanyoyin nan uku da ta kasance ta takobi. Audugar da ta riƙe tattalin arzikin Sudan shekaru masu yawa akwai gumin waɗannan mutane a cikinta.

Mutanen Sudan suna kiran su da sunaye biyu na jimla. Akwai Takari ko Takarir, daga sunan tsohuwar daular Takrur ta bakin kogin Senegal, wanda Larabawa suka faɗaɗa shi ya game mutanen yammacin Afirka baki ɗaya. Akwai kuma Fallata, daga sunan da Barebari ke kiran Fulani. Sunayen biyu suna haɗa Bahaushe da Bafillace da Babarbare a ƙwarya ɗaya, kuma sau da yawa ana furta su da sigar raini. A ƙasar Hausa ma kalmar Takari ba kullum take fita daga baki da girmamawa ba.

Rayuwa Tsakanin Al'adu Biyu

A ɗauki misalin yaron da aka haifa a wata unguwar Hausawa a Gadarif ko Kasala. A cikin gida kakarsa da Hausa take kiransa, da Hausa take aikensa, da Hausa take yi masa faɗa. Da ya fita ƙofar gida, wasa da Larabcin Sudan ake yi. A makaranta da Larabci ake koyar da shi lissafi da tarihi, da shi zai rubuta jarrabawa, da shi zai nemi aiki. Mahaifinsa jallabiya da rawani irin na mutanen ƙasar yake sawa, mahaifiyarsa takan yafa lafaya. Yana cin kisra, wato gurasar dawa mai laushi da aka san Sudan da ita, yana kuma shan fura da koko. Taken ƙasar da ya haddace na Sudan ne. Idan ya girma yana iya sauraron sashen Hausa na gidajen rediyon ƙasashen waje, ya kalli finafinan Kano a wayarsa, ya gane kusan komai, amma karanta Hausar boko ta ba shi wuya, domin ba da waɗannan baƙaƙe ya yi karatu ba.

Masu kallo daga nesa sukan ɗauka irin wannan yaro jemage ne, shi ba tsuntsu ba, shi ba dabba ba. Wannan fahimta kuskure ce. Yaron bai rasa komai daga abin da ɗan maƙwabcinsa Balarabe yake da shi na zama ɗan Sudan ba, sai ma ƙarin harshe da al'ada da ya gada. Ruɗanin da ake jingina masa yawanci daga waje yake zuwa, wato ranar da wani ma'aikaci ya ce masa ya kawo shaidar cewa shi ɗan ƙasa ne, ko ranar da ya gamu da alhaji daga Kano a Makka ya yi masa dariyar Hausarsa.

Haka kuma cuɗanyar ba ta gefe ɗaya ba ce. Naman da ake gasawa da yajin ƙuli a titunan Hartum da Umdurman, wanda mutanen ƙasar ke alfahari da shi, sunansa agashe, kuma kunnen Bahaushe ba zai ji wannan suna baƙo ba, domin tsire ne ya yi hijira tare da masu shi. Mace ta farko da aka ji muryarta tana waƙa a gidan rediyon Umdurman, a farkon shekarun 1940, ita ce A'isha Musa Ahmad, wadda aka fi sani da A'isha Falatiya. Asalin gidansu daga ƙasar Sakkwato yake, laƙabinta ma yana shelar haka. Da Larabcin Sudan ta yi suna, ta buɗe wa matan ƙasar ƙofar da take rufe, ta rasu a 1974, kuma har yau ana lissafa ta cikin iyayen waƙar zamani ta Sudan. Ƙasar da ta karɓi muryar A'isha a matsayin tata ba ta da hujjar ƙin karɓar danginta.

Tambayar da Doka ta Yi

Matsalar ta samo tushe ne tun daga yadda aka fayyace wane ne ɗan Sudan. Ƙasar ta sami 'yancin kai ranar 1 ga Janairu, 1956. Dokar zama ɗan ƙasa ta 1957 ta ɗora sharaɗin cewa mutum ko kakanninsa na wajen uba su kasance mazauna ƙasar tun ranar 31 ga Disamba, 1897, wato gabanin Turawa su rushe daular Mahadi. Bisa wannan ma'auni, jama'ar Mai Wurno da suka iso wajajen 1906 sun makara da shekara tara, ballantana waɗanda suka zo aikin auduga bayan 1925. An sassauta ranar daga baya, aka matso da ita zuwa 1924, sannan zuwa 1956. Sai dai gyaran takarda bai goge abin da ya riga ya zauna a zukata ba. Mai sunan da ya yi kama da na Takari ya daɗe yana fuskantar ƙarin bincike da neman shaidu idan ya je karɓar takardar zama ɗan ƙasa, alhali maƙwabcinsa sunan ƙabilarsa kawai ya ishe shi shaida.

A 2008 Hausawa suka yi zanga-zanga a garuruwan gabashin ƙasar, bayan wata jarida ta jingina wa shugaban ƙasa na lokacin, Umar al-Bashir, maganar da ke nuna su ba 'yan ƙasa ba ne, maganar da fadarsa ta musanta. Abin da ya fi wannan muni ya auku a watan Yulin 2022 a Jihar Shuɗin Nilu. Hausawan jihar sun nemi a ba su masarautar gargajiya ta kansu. Shugabannin ƙabilun da suka riga su zama a yankin, irin su Berta da Hamaj, suka ƙi, domin a tsarin gargajiya na Sudan sarauta da mallakar ƙasa tare suke tafiya. Faɗa ya ɓarke a Rusairis da Damazin da kewayensu, hukumomin lafiya suka ce an kashe fiye da mutum 100, dubbai suka bar gidajensu. Hausawa suka fito zanga-zanga a Hartum da Kasala da Gadarif da Fot Sudan. A watan Oktoba na shekarar faɗan ya sake tashi a yankin Wad al-Mahi, inda aka rasa kimanin rai 200. An yi asara a kowane ɓangare. Bayan wata shida, a Afrilun 2023, yaƙi ya ɓarke tsakanin sojojin ƙasar da dakarun RSF, ya kuma kai har jihohin Jazira da Sinnar, inda Hausawa ke da yawa.

Hujjoji Uku da Amsoshinsu

Masu cewa lallai Bahaushen Sudan ya zaɓi ɓangare ɗaya sun kasu gida uku, kuma kowane gida yana da abin faɗa da ya cancanci a saurara.

Gida na farko su ne masu cewa shi baƙo ne, kuma baƙo raɓa ne. Adalci ya wajabta a fahimci tsoron da ke bayan wannan magana. Ƙabilun Shuɗin Nilu sun daɗe suna shan wuya. An yi farautar bayi a cikinsu a ƙarni na 19, manyan gonakin masu kuɗi sun cinye musu filaye, ƙarin tsawon madatsar ruwa ta Rusairis da aka kammala a 2013 ya tashi ƙauyuka da dama, sannan jihar ta faɗa yaƙi tsakanin gwamnati da 'yan tawaye tun daga 2011. Wanda ƙasarsa ke zurarewa daga hannunsa ba zai yi murna da sabuwar masarauta a gefen gonarsa ba. Amma wannan tsoro na fili ne, kuma maganinsa dokar fili ce mai adalci, wadda za ta kare gonar kowa, ta fayyace iyaka, ta tanadi kotun da talaka zai iya kai ƙara. Ana iya yin jayayya a kan ko masarauta ta dace ko ba ta dace ba. Abin da ba ya karɓar jayayya shi ne zama ɗan ƙasar mutumin da aka haifi kakansa a wurin. Raɓa da hantsi take bushewa. Zaman da ya haura shekara ɗari ya wuce a kira shi raɓa. Kuma idan aka ce wanda ya riga zuwa shi kaɗai ne ɗan ƙasa, to ƙabilun Sudan masu yawa da ke alfahari da cewa kakanninsu daga ƙasar Larabawa suka ƙetaro su ma sai a tambaye su ranar isowarsu.

Gida na biyu su ne masu cewa ya narke kawai ya huta. A ganinsu, idan ya daina Hausa, ya bar zaman unguwar Hausawa, ya daina ambaton asalinsa, bayan zuriya ɗaya ko biyu babu mai tuna wa jikokinsa komai. Akwai iyalai, musamman a birane, da suka bi wannan hanya, har wasu suka nemi salsalar Larabawa suka jingina kansu da ita. Ba a zargin wanda ya yi haka don ya tsare mutuncin 'ya'yansa. Sai dai a lura da abin da shawarar ta ƙunsa. Ta amince ke nan cewa zama Bahaushe aibi ne da ake ɓoyewa, ta kuma bar ƙa'idar wariyar a tsaye, tana jiran wanda bai iya ɓoye nasa asalin ba. Koyon Larabci da ƙwarewa a cikinsa wajibi ne ga ɗan Sudan, kuma riba ce babba ga Musulmi. Amma koyon harshe na biyu bai taɓa bukatar kashe na farko ba. Mutumin Maiduguri yana jin Barbarci da Hausa, mutumin Yola yana jin Fillanci da Hausa, kuma babu wanda ya ce ƙwaƙwalwarsu ta cika. Jikan da ba zai iya hira da kakarsa ba an yi masa asarar da takardar zama ɗan ƙasa ba za ta biya ba.

Gida na uku a ƙasar Hausa suke. Su ne masu cewa, duk lokacin da labarin tashin hankali ya iso, ai sai su komo gida. Maganar tana fitowa ne daga tausayi, amma ta yi daidai da ta gida na farko ba tare da masu ita sun lura ba, domin duka biyun sun yarda cewa Sudan ba gidan waɗannan mutane ba ce. Wane gida za su komo? Wanda kakan kakansa ya bar Sakkwato a 1903 ya fita ne tun kafin a haɗa Kudu da Arewa a 1914 a sami Nijeriya. Ba shi da gona a Wurno, ba shi da kango a Kano. Tsarin Mulkin Nijeriya na 1999 ya ba wanda aka haifa a waje zama ɗan ƙasa ne idan ɗaya daga cikin iyayensa ɗan Nijeriya ne. Da gwamnatin Nijeriya ta kwashe mutanenta a 2023, ɗalibai da sauran 'yan ƙasarta aka kwaso. Manomin bakin Shuɗin Nilu yana nan inda yake, tare da maƙwabtansa, cikin yaƙin ƙasarsa. Taimakon da ya fi bukata daga danginsa na yamma shi ne a goyi bayan haƙƙinsa a inda yake zaune.

A nan akwai gyara da ya rataya a wuyan Hausawan Sudan su kansu. Wani masanin halayyar al'umma, Bawa Yamba, ya wallafa littafi a 1995 a kan ƙauyukansu na Jazira, wanda ma'anar sunansa ita ce mahajjatan dindindin. Ya nuna yadda mutanen da aka haifi iyayensu da kakanninsu a Sudan suke ci gaba da ɗaukar kansu matafiya ne a kan hanyar Makka. Wannan tunani yana da daraja ta fuskar addini, ya kuma taimaka musu wajen jure talauci da raini. Amma wanda ya ce shi mai wucewa ne ya sauƙaƙa wa mai son hana shi fili da makaranta da ƙuri'a. Niyyar hajji ba ta hana mutum ya yi rajistar haihuwar ɗansa, ya sa shi makaranta, ya shiga sha'anin garinsa a matsayin mai gari.

Abin da Tarihin Hausawa ya Nuna

Mai jin cewa mutum ba zai iya riƙe asali biyu ba, ya zagaya cikin birnin Kano ya karanta sunayen unguwanni. Akwai Tudun Nufawa, akwai Zangon Barebari, akwai Agadasawa, akwai Ayagi ta Yarabawa, akwai Dandalin Turawa inda Larabawan Arewacin Afirka suka zauna. Littafin Tarihin Kano ya kawo zuwan Wangarawa daga Mali a zamanin Sarki Yaji, cikin ƙarni na 14, kuma su ne aka danganta wa ƙarfafa Musulunci a birnin. Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari, waɗanda suka riƙe fataucin goro zuwa Gwanja, duk asalinsu daga wajen ƙasar Hausa yake. Alhasan Ɗantata, wanda ya rasu a 1955 yana cikin manyan attajiran Afirka ta Yamma, daga Agalawa ya fito. Zuriyar waɗannan mutane Hausawa ne a yau, babu mai musu, kuma da yawansu sun san asalinsu, suna faɗarsa ba tare da kunya ba. Haka Fulanin gida, waɗanda Hausa ce harshensu na farko amma suna riƙe da sunan zuriyarsu.

Wannan ya nuna cewa Hausanci ya bunƙasa ne ta hanyar karɓar baƙo ba tare da an tilasta masa ya ƙaryata kakanninsa ba. Harshen ma haka yake. Littafi da alƙalami da Asabar daga Larabci suka shigo, kasuwa daga Barbarci, tebur da mota daga Ingilishi. Farfesa Al-Amin Abu-Manga na Jami'ar Hartum ya wallafa littafi a 1999 a kan yadda Hausar Sudan ke sajewa da Larabci. Abin da ke faruwa da ita shi ne abin da ke faruwa da kowane harshe mai rai idan ya zauna kusa da wani mai ƙarfi. Ɗan bokon da ba ya iya kammala jimla uku ba tare da ya tsarma Ingilishi ba, ba shi da bakin yi wa Hausar Gadarif dariya don ta tsarma Larabci. Karin harshe ce kamar sauran kare-karen Hausa, ta cancanci a nazarce ta, a taskace ta.

Laifi Tudu Ne

Hausawa sun ce laifi tudu ne, mutum kan taka nasa ya hango na wani. Tambayar da ake yi wa Bahaushe a Damazin ita ake yi masa a Jos, inda kakanninsa suka zauna tun farkon ƙarni na 20 saboda haƙar kuza, inda kuma jayayyar ɗan ƙasa da baƙo ta jawo zubar da jini a 2001 da 2008 da 2010. Duk Bahaushe yana jin zafin wannan. Amma ita dai wannan tambaya ake yi wa Ibo ko Bayaraben da aka haifa a Sabon Garin Kano, unguwar da aka kafa wajajen 1913, wanda aka haifi mahaifinsa a nan, yake jin Hausa kamar jakin Kano, yake biyan haraji a nan, amma ranar neman takardar shaidar asali don shiga makaranta ko samun aikin gwamnati sai a tura shi wani ƙauyen da bai taɓa kwana a cikinsa ba.

Ƙa'ida ɗaya ce a wuraren nan uku. Ba zai yiwu a ƙi ta a Shuɗin Nilu da Filato, a kuma riƙe ta a Kano da Zariya ba. Wanda ya ce shekara ɗari sun isa su mai da Bahaushe ɗan Sudan, ya riga ya yanke hukunci a kan ɗan Sabon Gari, ko ya sani ko bai sani ba. Kuma kamar yadda ba a so a ce wa Bahaushen Sudan sai ya daina Hausa kafin a karɓe shi, haka bai kamata a ce wa ɗan Sabon Gari sai ya sauya suna ko addini ba.

Kammalawa

An ga yadda hajji da hijira da ƙwadago suka kai Hausawa Sudan, da yadda doka da rigimar fili suka sa aka riƙa tuhumar zamansu, da kuma raunin hujjojin masu cewa su zaɓi ɗaya tsakanin asalinsu da ƙasarsu. Sauran aiki yana kan malamin Hausa, domin a aji ake fara gina irin wannan fahimta. Idan zai zana taswirar inda ake jin Hausa, kada ya tsaya a Borno. Ya kai allinsa har Mai Wurno da Gadarif da Kasala, ya gaya wa ɗalibai cewa masu magana da Hausa a can 'yan Sudan ne, kamar yadda na Maraɗi 'yan Nijar ne. Idan ana nazarin kare-karen harshe, ya sa Hausar Sudan a jerin, ya hana a mai da ita abin dariya. A cikin ajin nasa kuma da wuya a rasa yaron da ake yin wani harshe a gidansu, alhali Hausa ce harshen wasansa da tunaninsa. Kada malami ya kira shi baƙo a gaban 'yan'uwansa, kada kuma ya sa shi jin kunyar harshen gidansu. Ya ba shi dama ya kawo karin magana ko tatsuniya daga wajen kakarsa, a fassara ta zuwa Hausa, a rubuta ta a allo tare da sauran.